Karkatar Masallacin Dabo

Ranar wata Talata, ana tsakiyar zafin bazara, aka tayar da sallar La'asar a masallacin Tudun Aduwa, wani ƙauye da ke gefen hanyar Daura zuwa Baure. Dabo magini yana sahun farko kamar kullum, kafaɗarsa na gogar ginshiƙin da ya ɗora da hannunsa shekara talatin da ɗoriya da suka wuce. Liman Munzali ya zo bakin mihirabi, ɗan lungun nan da liman ke tsayawa, amma bai shiga ba. Ya tsaya daga waje, ya juya jikinsa hagu, ya ci gaba da juyawa har fuskarsa ta bar bangon gabas ta dubi kusurwa. Ya ce wa jama'a su karkata kamar yadda ya karkata, in an idar zai yi bayani. Kafin wani ya buɗe baki ya yi kabbara.

Dabo bai taɓa yin salla irin wannan ba. Wasu sun juya, wasu sun ƙi, wasu sun tsaya tsakani suna satar kallon na kusa da su. Da aka je ruku'u kan wani ya bugi ƙugun wani. Shi dai Dabo ya bi liman, don ba a saɓa wa liman, amma har aka sallame bai san abin da ya karanta ba. Zatonsa ko wuyan Malam ne ya sanƙare, ko kuwa, Allah ya kiyaye, kansa ne ya taɓu.

Bayanin bai yi tsawo ba. Alhaji Sada, dillalin shanu, tsaran Dabo kuma abokin wasansa tun suna kiwon awaki, ya yi niyyar shimfiɗa tayil a daɓen masallacin sadaka ga iyayensa. Ya ɗauko mai aikin daga Daura, wato Sabiru, wanda kuma shi ne mijin Zubaida, 'yar Dabo ta fari. Sabiru ya saba, kafin ya ja layin sahu a kowane masallaci, sai ya ajiye wayarsa a ƙasa ya duba inda kibiyar alƙibla ta nuna. Da ya ajiye ta a nan, kibiya ba ta dubi mihirabi ba, sai ta soki kusurwar hagu. Ya kashe ya kunna, ya fita waje ya dawo, ya aro wayar wani, duk maganar ɗaya ce. Kunyar surukinsa ta hana shi faɗa wa kowa sai Liman. Shi kuwa Liman ya ce tun da ya sani, ba zai iya jan mutane salla yana kallon inda zuciyarsa ba ta natsu ba.

Dabo ya duba ko'ina bai ga Sabiru ba, ashe ya sulale tun kafin a shafa addu'a.

"Allah gafarta Malam," in ji Dabo, "ban fahimta ba. Me aka ce ya karkace?"

"Fuskar masallacin, Malam Dabo. Ba ta kallon Ka'aba."

Kalmar karkata ba baƙuwa ba ce a bakin Dabo. Saurayi ya karkata hula, a ce gayu ne. Kaya ya karkace a bayan jaki, a tsaya a gyara mangala a wuce. Rana ta karkata, a tashi a yi alwala. Babu abin kunya a cikin waɗannan. Amma a ce ginin magini ya karkace, gara a zage shi ta uwa ta uba a tsakiyar kasuwa. Wannan masallaci kuwa shi ne kan aikinsa. Na ƙasa ne, tubali da azara, ginshiƙi huɗu masu kauri, rufin ɗaurin guga wanda tun daga Dutsi magina kan zo su tsaya su ɗaga kai suna ƙirga bakunan ginin da ke ɗauke da shi. A duk faɗin ƙasar nan irinsa ya kusa ƙarewa, siminti da kwano sun cinye sauran. In Dabo ya je baƙon wuri ba ya faɗin sunan ubansa, cewa yake shi ne ya gina masallacin Tudun Aduwa.

Sai ga Alhaji Sada ya gyara zama, ya ce ai abin bai kai na tashin hankali ba. Tun da haka Allah ya nufa, kuɗin tayil zai ƙara a kai, a kawo katafila ta share wurin, a tayar da na bulo da kwano mai kallon inda ya kamata. Ya waiwayo yana murmushi ya ce, "Sarkin laka, ka huta da yaɓe duk shekara."

Da wata rana ce, da Dabo ya rama, ya tuna masa shanun mutane da yake sayarwa kamar nasa. Ran nan kuwa sai ya tashi, ya ɗauki takalmansa a ƙofa, ya taka har gida da su a hannu bai sani ba.

Labari ya riga shi isa. Ya tarar da matarsa Hadijatu tsaye a tsakar gida riƙe da tabarmar salla, ta rasa inda za ta shimfiɗa. Don duk gidajen garin da masallaci suka ɗauki gabas. Ɗakunan da Dabo ya gina wa mutane, da shi ya daidaita su. Mata a cikin gida bangon ɗaki suke fuskanta, mahauci in zai kwantar da akuya masallaci yake hange. Hadijatu ta ce yanzu sallolinta na shekaru duk Kano ta yi ta aika su, ko ina? Ta faɗa da dariya, amma dariyar ba ta kai ido ba. Daga bayan katanga ana jin maƙwabciya tana salati tana tambayar yadda za a yi da waɗanda aka riga aka binne.

Da yamma Sabiru ya zo gaisuwa. Ya durƙusa nesa da tabarma, kansa a ƙasa, ya ce a yafe masa, da ya san abin da za ta haifar da bai fito da wayar daga aljihu ba. Dabo ya ce babu laifi. Ya tambaye shi Zubaida da yara. Can ya ce shi dai abin da ya sani, wayoyin nan duk uwa ɗaya ta haife su, in ɗaya ta yi ƙarya sauran ba za su tona ta ba. Sabiru ya ce haka ne, Baba, bai ƙara komai ba. Wannan "haka ne" ta fi musu yi wa Dabo ciwo.

Gari ya rabu. Tsofaffi suna cewa gabas dai gabas ce, tun kaka da kakanni inda rana ke fitowa ake duba. Matasa suna yawo da wayoyi suna auna ɗakunan iyayensu. Liman Munzali ya yi ta nanata cewa sallar da aka yi bisa iyakar sani Allah ya karɓa, ba a ramawa, waɗanda ke maƙabarta kuma ba mai taɓa su. Amma maganar rushewa tana nan, kuma ita ce ta hana Dabo cin tuwo. Da Liman ya ga abin na neman zama gaba, sai ya zo har zauren Dabo ya kawo wata shawara. Ya ce malamai sun sha faɗa a rediyo, akwai yini biyu a shekara da rana ke tsayawa daidai saman Ka'aba, lokacin nan hantsi ne a wajenmu. A wannan lokaci duk abin da ke tsaye sak, inuwarsa tana juya wa alƙibla baya. Ɗaya daga cikin ranakun kuwa ta kusa. Ba waya, ba na'ura, rana ce da inuwa.

Dabo ya ce ya yarda, amma da zarensa na awon gini za a auna, kuma shi zai kafa.

Rana ba ta ƙarya. Ran da aka sa, Dabo ya fito da safe ya ga ɗan hadari ya taso daga kudu, sai ya kama kansa yana fatan ya rufe sama. Ya yi istigfari. Kafin hantsi hadarin ya watse, gari ya yi tas.

A filin ƙofar masallaci ya ɗaura igiya jikin bangon arewa, ya ja ta ta miƙe da bangon har tsakiyar fili, ya bi ta da tsinke ya zana layi a ƙasa. Wannan layi shi ne fuskar masallacin. Ya haɗa sanduna uku a kan layin kamar murhu, ya rataya zarensa mai dutse a tsakiya, ya jira har dutsen ya daina lilo. Ya bayyana wa mutane da kansa, da muryar da yake koya wa almajiran gini: in inuwar zaren ta kwanta a kan layi, masallaci daidai yake, in ta sauka, to. Maza sun kewaye, mata na leƙe ta saman katanga. Sabiru yana can baya yana duban agogo, shi aka ce ya faɗi lokaci.

Tun kafin ya faɗa Dabo ya gani. Inuwar tana kwance can kudu da layin, ba ta ma kusa. Ya ce a ransa ai da saura, za ta matso. Ya tsuguna ya zuba mata ido kamar mai jiran tafasar tukunya. Sai ya ji muryar Sabiru ƙasa-ƙasa yana cewa lokaci ya yi.

Ba tazarar yatsa ba ce, ba ta taƙi ba ce. Inuwar ta raba kusurwa biyu ne cif, kamar yadda tela ke yanka ƙyalle daga lungu zuwa lungu. Dabo ya taɓa dutsen ko zaren ya maƙale, ya sake shi, inuwar ta yi rawa ta koma inda take. Wani tsoho ya ce innalillahi. Ba wanda ya yi sowa, har matasan da suka yi ta cika baki sun yi tsuru-tsuru, don ba su zaci abin ya kai haka ba.

Dabo yana tsugune a wurin abin ya faɗo masa, yadda aka yi aka haihu a ragaya. Gini aikin rani ne, sai an gama girbi an samu hannu. Da sanyin safiya suka fito ran da za a ja harsashi, kowa na rawar ɗari. Marigayi Liman Harisu, mahaifin wannan Liman Munzali, ya tsaya har rana ta ɓullo, ya miƙa sandarsa ya ce ga gabas, Dabo ya buga turke. Kowane manomi ya san ranar sanyi daga kudu-kudu take fitowa, ta damina kuma ta koma arewa. Shi ma ya sani. Kowa a wurin ya sani. Ba wanda ya haɗa wannan da wancan.

Da ya faɗa wa Hadijatu a gida, ta ce ta tuna safiyar, ita ta kai musu kunu. Ta ce to ya fita ya faɗa mana, a san ba shi ya nuna ba.

"In ce wa Liman ubansa ne ya karkatar da gari? Mutum yana kabari?"

"Kai kuma kana raye ana nuna ka da baki."

"Ni na buga turken, Hadijatu."

Ta ce shi dai taurin kai kamar ƙasar gininsa, ta tura masa kwanon fura. Bai ƙara maganar da kowa ba.

Da dattawa suka zauna, abin da Dabo bai zata ba ya faru. Alhaji Sada ne da kansa ya janye maganar katafila. Ya ce shi ba zai zama sanadin zubar da hawayen tsoho ba, balle tsohon da ya san sirrinsa tun ba shi da wando. Liman ya ce shari'a ba ta ce a rushe ba, bango ba ya salla, mutane ke yi. A bar gini yadda yake, a ja sahu a karkace, shi ke nan. Aka yi fatiha. Dabo ya ji kamar an sauke masa dutsen niƙa daga ƙirji. Washegari shi da Sabiru suka ja layuka da farar ƙasa daga lungu zuwa lungu, Sabiru na riƙe da wannan bakin igiya, shi yana riƙe da wancan, ba mai kallon idon wani.

Sai dai ɗakin ba a gina shi don haka ba. Liman ya koma kusurwa, mihirabi ya zama wurin ajiye tsintsiya da buta. Sahun farko, wanda dā yake ɗaukar dattawan gari kaf, ya koma na mutum uku, aka fara zuwa tun kafin kiran salla ana harara a kansa. Ginshiƙan nan huɗu da dā suke tsaye tsakanin sahu da sahu, yanzu kowanne ya faɗo tsakiyar layi ya yanke shi. Ta kowane gefe an bar lungu mai siffar ƙahon rago wanda ba ya ɗaukar ko yaro. Mutanen da masallaci ke haɗiyewa dā, yanzu sulusinsu a waje suke tsayawa. Wani makaho da ya shekara yana shafa bango ya sami alƙiblarsa, kullum sai an kama kafaɗunsa an juya shi, kullum kuma kafin raka'a ta biyu ya koma yadda ya saba.

Ba wanda ya yi wa Dabo gori. Gaishe shi ma aka riƙa yi fiye da dā, irin gaisuwar da ake yi wa mai jinya. Shi kuwa in ya shiga, idonsa na magini ba ya barinsa. Ya dubi layin ƙasa, ya dubi layin azara a sama, kowanne ya kama gabansa. Sai ya ji kansa na juyawa kamar wanda ya hau tsani mai ƙafa ɗaya gajere.

Ran da ruwan farko mai ƙarfi ya sauka, ana cikin sallar Azahar ne. Dabo ya makara, bai sami wuri a ciki ba, ya tsaya a waje tare da sauran. Ruwa ya tsuge a raka'a ta biyu. Ba wanda ya yanke salla. A gefensa akwai wani dattijo mai tari, ya girme shi nesa, ya ga yadda ya sa goshi cikin taɓo ya ɗago yana kakkarwa, ruwan indararo na zuba a bayansa. Indararon ma Dabo ne ya kafa shi, ya karkata bakinsa daidai yadda zai zubar a inda ba kowa. Ta ƙofa kuma yana hango lungunan nan a bushe, ba mai tsayawa a cikinsu.

Da aka sallame bai je gida ya sauya riga ba. Ya wuce zauren Alhaji Sada yana ɗigar ruwa, ya tarar da shi da Liman sun fake. Suka matsa masa wuri, ya ƙi zama.

"Sada, maganarka ta bulo tana nan?"

Alhaji Sada ya dubi Liman, Liman ya dubi ƙasa. Sada ya ce wace irin magana ce wannan, ai an wuce wurin, ruwa ne ya shiga kunnensa ko me? In don 'yan waje ne, sai a kafa rumfar kwano.

"A kafa rumfa, ita ma a karkace, a jingina ta da karkatacce. A'a. A sauke shi."

"Dabo, kai ne fa."

"Ni ne. Amma katafila ba za ta taɓa shi ba. Da hannu na ɗora, da hannu zan sauke, in ruwa ya ɗauke. Azarar a ba masu rufin ɗaki, ƙasar kuma a cike harsashin sabon da ita, kada a kai ta bayan gari dabbobi su taka."

Liman ya ce ya sake tunani, ba wanda ya tilasta shi. Dabo ya ce ya sani. Sada ya cire rawanin da ke kafaɗarsa ya miƙa masa ya goge fuska, yana cewa tsoho da shi yana yawo a jiƙe kamar kazar da ta faɗa randa.

Bayan girbi, ran da aka sa, garin ya fito kamar ana jana'iza. An kwashe tabarmi da butoci, an mai da salla gindin aduwa. Hadijatu ba ta fito ba, ta ce kanta ke ciwo. Dabo ya jingina tsani, ya ɗaure bakin wandonsa, ya hau da diga a kafaɗa, Sabiru na biye da shi da wata. Ya taka rufin daga wannan gefe zuwa wancan, ya tsaya a kan ƙoƙon ɗaurin guga, inda bakuna suka haɗu. Ya yi bisimilla ya ɗaga diga ya sauke.

Digar ta yi tsalle ta dawo, hannunsa ya ɗauki zafi har kafaɗa. A wurin ba abin da ya fita sai ɗan tabo fari kamar ƙwayar gero. Ya sake bugawa, haka. Sabiru ya gwada da ƙarfinsa na saurayi, ƙasa kaɗan ta ɓantare, bakin digarsa ya lanƙwashe. Ya tsaya yana duban digar, yana duban surukinsa, baki buɗe. A ƙasa mutane suka fara salati.

Dabo ya durƙusa ya shafa wurin da tafin hannu, ya daɗe a haka. Sannan ya miƙe, ya share ido da gefen riga, ya ce wa Sabiru ta nan ba za ta ba su hanya ba. Ya nuna masa bakin indararo na arewa, ya ce daga can za su fara, nan ne ya san ruwa ya ɗan ci. Suka ɗauki digoginsu suka nufi can.